Sven-Goran Eriksson: darasin da ɗan bayan Suwidin ya bar wa Kano

Duk wanda ya saba shiga gidajen kallon ƙwallo na Gyaɗi-Gyaɗi da Tarauni ya san akwai musu guda da ba ya ƙarewa, wato shin wa ya cancanci a damƙa wa ragamar horar da ƙungiya? Wasu na cewa sai wanda ya yi tashe a fili, don a ganinsu wanda bai taɓa ɗaga kofi ba ba shi da bakin koya wa wani. Wasu kuwa sun yi imani cewa in dai ba Bature aka ɗauko ba, to an yi aikin baban giwa. Ni a nawa nazarin, ɓangarorin biyu duk sun kauce, kuma tarihin marigayi Sven-Goran Eriksson, wanda ya mutu ranar 26 ga Agustan 2024 yana da shekara 76, ya isa hujja.

An haifi Eriksson a 1948, ya tashi a Torsby, wani ɗan ƙaramin gari a ƙasar Suwidin. Ɗan baya ne mai tsaron ɓangaren dama, kuma duk zamanin wasansa bai taɓa taka leda a rukunin farko na ƙasarsu ba, balle a gayyace shi ƙungiyar ƙasa. Ya rataye takalmansa a 1975 yana da shekara 27, alhali yana malamin motsa jiki a makaranta. Da a unguwanninmu yake, da an ce ƙwallo ta ƙi shi, ya je ya nemi wata sana'ar.

Sai dai a ƙungiyar Karlskoga ya haɗu da Tord Grip, wanda ya lura cewa abin da yaron ya rasa a ƙafa yana da shi a ka. Grip ya ja shi zuwa Degerfors a matsayin mataimaki, da ya tashi kuma ya bar masa kujerar a 1977. A lokacin wasu Turawan Ingila biyu, Bob Houghton da Roy Hodgson, suna sauya fasalin ƙwallon Suwidin da tsarin 4-4-2, inda kowane ɗan baya ke gadin yankinsa maimakon bin mutum guda duk inda ya nufa, ƙungiya kuma ta matsa wa abokan hamayya tun daga gidansu. Eriksson ya zauna ya karanci wannan tsari kamar ɗalibi, ya kuma iya bayyana shi ga 'yan wasa da kalmomin da za su gane.

Sakamako bai ɗauki lokaci ba. A 1982 ya ci kofin UEFA da IFK Goteborg, bayan sun doke Hamburg ta Jamus 1-0 a gida da 3-0 a waje, da 'yan wasan da yawancinsu ke da wasu ayyukan yi ban da ƙwallo. Daga nan ya ci gasar Fotugal sau uku da Benfica, ya kai ta wasan ƙarshe na kofin zakarun Turai a 1990, sannan a 2000 ya ba Lazio kofin gasar Italiya da ta yi shekara 26 tana nema. A 2001 Ingila, ƙasar da ke tinƙaho da cewa ita ce uwar ƙwallo, ta naɗa shi baƙo na farko da ya riƙe ƙungiyarta, kuma a watan Satumban shekarar ya lallasa Jamus 5-1 a birnin Munich. Idan mai karatu bai manta ba, da ƙungiyarsa muka tashi canjaras babu ci a gasar duniya ta 2002. Gaskiya ne bai taɓa wuce matakin kusa da na kusa da na ƙarshe da Ingila ba, amma wannan bai share abin da ya gabata ba.

Wurin da labarin ya fi shafarmu shi ne 2010. Watanni kaɗan kafin gasar duniya ta Afirka ta Kudu, Kwaddibuwa ta ɗauko Eriksson, mu kuma muka ɗauko ɗan ƙasarsu Lars Lagerback, bayan mun ture Shaibu Amodu, mutumin da ya samo mana gurbin zuwa gasar, kamar yadda aka ture shi gab da ta 2002. Duka ƙasashen biyu a zagayen farko aka yi waje da su. Mu mun sha kashi a hannun Ajantina da Girka, muka yi 2-2 da Koriya ta Kudu, sannan aka tattara laifin aka jibga wa Sani Kaita, tsohon ɗan wasan Kano Pillars, saboda jan katin da ya samu. Masu iya magana sun ce ba a fafe gora ranar tafiya. Hatta gwani irin Eriksson, da aka ba shi 'yan makonni, bai tsinana komai ba, domin aikinsa na koyarwa ne, koyarwa kuwa sai da lokaci.

Shekara uku bayan haka, Stephen Keshi, shi ma tsohon ɗan baya, ya ciwo mana kofin Afirka na 2013, kuma Sunday Mba da ya ci ƙwallon nasara a kan Burkina Faso a gasar cikin gida yake wasa. Nan Kano ma, kofunan gasar ƙasa huɗu da Pillars ta ɗauka, na 2008 da 2012 da 2013 da 2014, duk a hannun 'yan ƙasa aka same su: Kadiri Ikhana da Baba Ganaru da Okey Emordi. Ashe ba basira muka rasa ba.

A matsayina na ɗalibin harshe, kalmomin da muke amfani da su ma suna ba ni abin dubawa. Kalmar "koci" da muka aro, a filayen unguwa ta koma laƙabin duk wanda ya sayi usur da riguna. Tamu ta asali kuwa, "mai horarwa", daga horo ta fito, wato tarbiyya da koyarwa tare, kuma ba wanda ke iya horar da wani sai shi ma an hore shi. A kowace yamma, a filayen makarantu da sauran 'yan sararin da gine-gine ba su cinye ba tsakanin Gyaɗi-Gyaɗi da Tarauni, akwai samari da suka daina wasa saboda rauni ko shekaru, suna tara yara suna koya musu da aljihunsu. Yawancinsu ba su taɓa zama a aji an nuna musu yadda ake tsara atisaye, ko kula da yaron da ya ji ciwo, ko karanta wasan abokin hamayya ba. Su ne ke riƙe da yaranmu a sa'o'in da shaye-shaye da daba ke farautarsu, amma ba mu ɗauke su a bakin komai ba.

Abin da nake kira a yi ba mai tsada ba ne. Hukumar ƙwallo ta jiha da ƙananan hukumomi su haɗa hannu da sassan ilimin motsa jiki na manyan makarantunmu, su shirya gajerun kwasa-kwasai a lokacin hutu, a kuma koyar da su da Hausa, don Turanci kada ya zama shingen da zai kori mai basira. Waɗanda suka yi fice a ɗauki nauyinsu zuwa Cibiyar Wasanni ta Ƙasa da ke Legas, su nemi lasisin CAF. Manyan masu horarwa na Pillars da sauran ƙungiyoyi kuma kowa ya ja matashi guda a jiki, kamar yadda Grip ya ja Eriksson. Masu hannu da shuni da ke sa kofi a unguwanni, su ware ko da kaɗan daga kuɗin bikin don karatun mai usur.

Suwidin ba ta yi watsi da ɗan bayan da ya kasa shahara ba, ta ba shi aji da malami da ƙaramar ƙungiyar da zai gwada kansa. Idan muka yi wa namu haka, wata rana wasu ne za su zo Kano neman mai horarwa. Allah Ya sa masu abin su ji.