Sake Saitin Esin Mota: Abin da Yake Gyarawa da Abin da Bai Isa Ya Taɓa Ba

Daga Maris zuwa Mayu, lokacin da zafi kan haura digiri 40 a Kano da Sakkwato da Maiduguri, rumfunan masu gyaran esi ba sa rabuwa da layin motoci, kuma a bakin waɗannan rumfuna ake jin maganganu biyu masu karo da juna. Wasu sun ce duk esin da ya rikice bayan an canja batir ko an kwance dashbod, maganinsa a cire kan batir na ɗan lokaci a mayar, kwamfuta ta sake saiti, shi ke nan. Wasu kuma sun ce maganar saiti dabara ce kawai ta masu na'urar bincike don su karɓi kuɗi, domin esi bai san komai ba sai gas. Kowane ɓangare ya riƙe wani yanki na gaskiya, ya kuma ɗora masa nauyin da ba zai iya ɗauka ba. Sake saiti aiki ne na gaske, amma iyakarsa a bayyane take: yana tuna wa kwamfuta inda ƙofofin iska suke farawa da inda suke tsayawa. Ba ya ƙara sanyi, ba ya toshe yoyo, ba ya mayar da haƙorin giyar da ya karye.

Sai an san abin da ke bayan dashbod za a gane dalili. Kwamfiresa da gas suna sanyaya wani ɗan lagireto da ke ciki, wanda makanikai ke kira ebaforeta, a gefensa kuma akwai na hita, wanda ruwan zafi na inji ke ratsawa. Tsakaninsu akwai ƙofofin roba: ɗaya tana gauraya iskar sanyi da ta zafi, ɗaya tana zaɓar ko iska ta fito ta fuska, ta ƙafa ko ta gilashi, wata kuma tana rufe iskar waje. A tsofaffin motoci waya ce ke jan waɗannan ƙofofi daga abin murɗawa kai tsaye. Tun da Cadillac ta fito da esi mai daidaita kansa a 1964 aka fara karɓe wannan aiki daga hannun direba, yau kuma a yawancin motoci ƙananan injunan lantarki ne masu giyar roba, waɗanda ake kira motocin ƙofa, suke juya kowace ƙofa. Kwamfuta ba ta ganin ƙofar. Abin da take samu saƙo ne daga ɗan ma'aunin da ke cikin motar ƙofar, ko kuma ƙirgen juyin da ta yi, sai ta kwatanta da iyakokin da ta haddace. Idan aka sa sabuwar mota a ƙofar, ko aka canja kwamfutar, ko wuta ta yanke ta goge haddar a wasu nau'o'in, sai lissafi ya goce: kwamfuta ta ɗauka ƙofar hita a rufe take ruf, alhali ta bar kafa, iskar zafi tana kutsowa cikin ta sanyi.

A nan masu maganar saiti suke da gaskiya, kuma wanda ya ce ƙarya ce bai duba littattafan kamfanonin ba. A manyan motocin General Motors da dama, irin su Chevrolet Tahoe da Silverado na shekarun 2000, umarnin kamfani shi ne a cire fiyus ɗin esi na ɗan lokaci, a mayar, a tada mota, a jira kamar daƙiƙa 40 ba tare da an taɓa ko maɓalli ɗaya ba. A wannan ɗan lokaci kwamfuta tana tura kowace ƙofa har ƙarshe ta dawo da ita, kamar mai laluben bango a ɗaki mai duhu don ya san faɗinsa. Wanda ya yi gaggawa ya murɗa wani abu a tsakiya ya katse aikin, sai ya sake daga farko. A motocin Volkswagen masu esi mai daidaita kansa, wato Climatronic, kuwa, hanyar da aka fi sani ita ce a haɗa na'urar bincike a ba da umarnin saiti daga cikinta. Babu hanya ɗaya da ta game duk motoci, don haka jerin maɓallan da wani ya danna a tasa motar ya yi nasara ba hujja ba ne a kan taka. Akwai ma kuskuren da ake yawan yi a wurin gyara: a jona sabuwar motar ƙofa da wuta a hannu, "a gani ko tana aiki", kafin a ɗaure ta a mazauninta. Ba tare da ƙofar da za ta tare ta ba, tana iya zarce iyakarta ta lalace tun kafin ta fara aiki.

Amma cewa cire batir yana warkar da kowace cuta ba gaskiya ba ne, kuma yana da illa. Idan kana jin ƙas-ƙas-ƙas a bayan dashbod duk lokacin da ka kunna mota ko ka canja yanayin sanyi, mafi yawa haƙoran giyar roba ne suka cinye, motar ƙofar tana juyawa tana zamewa. Ko sau nawa aka sake saiti ƙarar za ta dawo, domin kowane saiti yana ƙara tura giyar da ta riga ta gaji zuwa ƙarshen zangonta. Sai an canja kayan. Cire batir kuma yakan goge lambobin matsala da kwamfutoci suka ajiye, wato shaidar da ƙwararre zai karanta ya gane inda ciwon yake. Yakan rufe rediyon wasu motoci sai an sa lambar sirri, ya mantar da gilasai hawa da kansu, ya sa inji ya ɗan yi rawa kafin ya sake koyon tsayuwarsa. A ganina, makanikin da ya fara da cire batir kafin ya karanta lambobi ya zubar da abin da ya fi kowane amfani a hannunsa.

Wani ruɗanin ya shafi Toyota da Lexus, waɗanda suka cika titunanmu. A yawancin masu esi mai daidaita kansa, idan ka danne maɓallin AUTO tare da na juya iskar ciki sannan ka murɗa makulli, fitilu za su yi ƙyaftawa, lambobi su fito a allon. Mutane da yawa suna kiran wannan saiti, suna zaton sun gyara wani abu. Bincike ne kawai, motar ce take faɗin inda take jin ciwo. Lamba 00 na nufin lafiya lau, 11 sensar zafin cikin mota, 12 ta zafin waje, 13 ta ebaforeta, 23 matsin gas, 41 kuma motar ƙofar gauraya iska. Lamba 21 ta sensar rana ce, kuma tana fitowa ko da komai lafiya idan aka yi gwajin da dare ko a cikin rumfa, saboda sensar ba ta ganin haske. Wanda bai san wannan ba sai a sayar masa da sensar da ba ya buƙata.

Ɓangaren "gas ne kawai" su ma suna da abin kamawa, kuma ya kamata a ba su haƙƙinsu. Ƙarancin gas yana cikin manyan dalilan rashin sanyi, har ma alamar da ake yawan ɗora wa ƙofa, wato gefe ɗaya sanyi ɗaya ɗumi, tana iya zuwa daga nan, domin idan gas ya yi kaɗan wani sashe na ebaforeta ne kawai yake yin sanyi. Inda suka kauce shi ne zaton gas yana ƙarewa kamar fetur. Zagayawa yake yi a rufaffiyar hanya, abin da ke zurarewa ta jikin tiyo da bakin haɗi kaɗan ne a shekara. Esin da ke neman ƙari duk bayan 'yan watanni yoyo yake yi, kuma gas yana fita ne tare da man da ke shafa kwamfiresa. Sannan gas awo gare shi. Takardar da ke manne a ƙarƙashin bonet ta faɗi nau'insa da nauyinsa da giram, yawanci tsakanin 450 da 700 a ƙananan motoci. Cika shi da ƙiyasi, ana taɓa bututu ana cewa ya yi, yakan kai ga wuce kima, matsi ya hau, kwamfuta ta riƙa yanke kwamfiresa don kare shi, sai kuma a ce ai saiti ne ya ɓaci. Nau'in ma ya canja sau biyu: R-12 ya kau bayan yarjejeniyar Montreal ta 1987, R-134a ya gaje shi a shekarun 1990, tun daga 2017 kuma ba a sayar da sabuwar mota mai R-134a a Tarayyar Turai, akasarinsu R-1234yf suke ɗauka. Motocin da ke shigowa ta Legas da Kwatano sun haɗa waɗannan zamunna, kuma ba a gauraya su. Motoci masu haɗin inji da batir, irin su Prius, yawancinsu kwamfiresansu na lantarki ne, mai na musamman yake sha, man da aka saba da shi yana raunana kariyar wutarsa.

Akwai rukuni na uku na matsaloli da ba gas ba ne, ba kuma ƙofa ba, kuma su ne aka fi yi wa saitin banza. Kwamfuta tana yanke hukunci ne da abin da sensoci suka gaya mata. Ta zafin waje tana bayan bamba, inda ƙaramin karo ko gyaran fenti kan bar ta a cire ko a rataye kusa da lagireto. Idan wayarta ta tsinke, motoci da yawa kan karanta sanyi mai tsanani, su hana kwamfiresa tashi ko da rana tana tsaka. Ta cikin mota tana bayan wasu 'yan ramuka a dashbod, tana zuƙar iska, ƙurar hunturu kuma tana toshe ta kamar yadda take toshe matatar iska da ke bayan aljihun gaban fasinja. Kuma idan an gyara sensar waje lambar da ke allo ba ta gyaru nan take ba, ba lalacewa ba ce: an tsara ta ne ta riƙa hawa a hankali sai mota ta yi tafiya, don kada zafin inji ya ruɗe ta. Abin da ya fi damuna a wannan fanni shi ne al'adar "a yi masa dairek", a tsallake sensoci a ba kwamfiresa wuta kai tsaye. Sanyi zai zo a ranar, mai mota ya biya da murna. Amma sensar ebaforeta ce ke hana ebaforetan daskarewa ya toshe iska, ta matsi kuma ita ce ke kashe kwamfiresa idan gas ya zube ko fanka ta tsaya, kuma kwamfiresa ya fi su tsada nesa ba kusa ba.

Za a iya cewa duk wannan magana ce ta masu hali, talaka ba shi da kuɗin na'urar bincike, gwajin cire fiyus kuma kyauta ne. Haka ne, kuma idan esi yana aiki lafiya jiya, aka canja batir yau ya rikice, babu ƙara a bayan dashbod, gwada saiti bisa littafin wannan motar shi ne matakin farko da ya dace. Sai dai yawancin abin da ke raba matsalolin nan ido da kunne da hannu ne. A duba ko kwamfiresa yana kamawa, ko fankar gaba tana juyawa, ko bututu mai kauri da ke dawowa daga dashbod ya yi sanyi. Idan ya yi sanyi amma iskar da ke fitowa ɗumi ce, sanyin yana nan, a hanya yake ɓata, sai a nemi ƙofa da motarta. Idan bututun bai yi sanyi ba, saiti ba shi da abin yi, a koma kan gas, yoyo, fanka ko sensa. Motar da ƙofofinta waya ke ja kuwa ba ta da haddar da za ta goge, duk wanda ya karɓi kuɗin saitin kwamfuta a kanta ya karɓi kuɗin aikin da babu shi. A sauran motocin, saiti yana zuwa ne bayan an karanta lambobi, an canja abin da ya lalace, an ɗaure shi a mazauninsa, sannan a gwada daga mafi sanyi zuwa mafi zafi, a kowace kafar iska, kafin a mayar da murfin dashbod.