Tauraron Da Aka Fara Auna Nisansa

Duk wanda ya fita bayan gari a daren da babu farin wata, wajejen Satumba, ya dubi arewa, yana iya hango wani tauraro dushi-dushi da masana ke kira 61 Cygni. Kada raunin haskensa ya ruɗe mu, maƙwabcinmu ne. Ban da rana, shi aka fara auna nisansa, aikin da Bajamushe Friedrich Bessel ya kammala a 1838. Haskensa kan yi tafiyar shekara 11 da 'yan watanni kafin ya iso duniya.

Madubin hangen nesa ya nuna ashe tagwaye ne masu launin ruwan goro, suna kewaya juna cikin shekara fiye da 600. Babban cikinsu bai kai rana girma da zafi ba, haskensa ko kashi ɗaya cikin biyar na nata bai cika ba. Dalilin dusashewarsa ke nan.