Yorgos Lanthimos: Daraktan da ke tuhumar biyayya

Wani uba ya killace 'ya'yansa uku, duk sun balaga, a cikin gida mai doguwar katanga. Ya koya musu cewa "teku" sunan kujera ne, kyanwa kuwa dabba ce mai cin mutane, kuma ba mai fita sai ranar da fiƙarsa ta faɗi. Wannan shi ne labarin Dogtooth, fim ɗin da ya fito da sunan Yorgos Lanthimos a 2009, lokacin da ya ci kyauta a bikin fina-finai na Cannes da ke Faransa.

An haifi Lanthimos a 1973 a Atina, babban birnin Girka. Ya fara ne da shirya tallace-tallacen talabijin da bidiyon waƙoƙi, sannan ya yi aiki cikin ayarin da ya tsara bikin buɗe wasannin Olamfik na 2004. Fina-finansa na farko da kuɗi kaɗan aka yi su, abokai na taimakon juna. Athina Rachel Tsangari tana cikin furodusoshin Dogtooth, shi kuma ya fito a fim ɗinta Attenberg.

Salonsa ba ya ɓoyuwa. 'Yan wasansa kan yi magana ba yabo ba fallasa, fuska a daskare, ko da abin da ake faɗa mai tayar da tsikar jiki ne. Kamara takan yanke kan mutum daga hoto, ko ta tsaya can nesa tana kallo. Mai kallo ya yi dariya, can kuma ya ji kunyar dariyar.

Da matsalar bashi ta durƙusar da Girka, ya koma Landan, ya fara aiki da Turanci. A The Lobster na 2015, duk gwauro ana ba shi kwana 45 ya sami abokin zama, in ya kasa a mayar da shi dabba. The Favourite na 2018 ya sami gurabe 10 a takarar Oscar. Poor Things ya lashe babbar kyautar bikin Venice a 2023, Emma Stone kuma ta sami Oscar da shi.

Kuɗi sun ƙaru, taurari sun shigo, amma tambayarsa ɗaya ce: me ya sa mutane ke bin doka ko da ba ta da kai ba ta da gindi? A ƙarshen Dogtooth, babbar 'yar ta fasa fiƙarta da ƙarfen motsa jiki, ta ɓuya a but ɗin motar ubanta. Ko a gudun nata, sai da ta cika sharaɗin da ya gindaya. Motar ta tsaya a wurin aikinsa, but ɗin na rufe, fim ya ƙare.