Shin da gaske wata duniya za ta haɗe da tamu?

Masu saurarenmu na Waca da ƙauyukan kewaye, musamman samari masu kallon fim a waya, sun sha aiko mana da wannan tambaya. Wai akwai wasu duniyoyi kamar tamu sak, da Wacarsu da Magaryarsu da Dungas ɗinsu, har da wani mutum mai kamarka da sunanka, kuma wai rana na nan tafe da za su haɗe su zama ɗaya. Wasu dariya suke yi, wasu kuwa abin ya shige su, don sun ji shi a saƙonnin WhatsApp ana jingina shi ga masana kimiyya. To, bari mu warware zaren daga bakinsa.

Maganar haɗewar, daga masu ƙirƙirar labari ta fito. Kamfanin DC na Amurka, mai buga labaran Superman da Batman cikin zane, ya yi shekaru yana ƙirƙiro duniyoyi daban-daban, kowace da nata Superman, har masu karatu suka rikice. Sai a 1985 zuwa 1986 ya fitar da wani dogon labari, Crisis on Infinite Earths, inda aka hallaka mafi yawan duniyoyin, ƴan kaɗan da suka rage aka narkar da su cikin guda. Kun ga ke nan gyaran kasuwa ne aka yi masa rigar labari. Kamfanin Marvel ma ya bi sawu, a fim ɗin Doctor Strange na 2022 an nuna cewa in duniya biyu suka gogi juna, ɗaya ko duka biyun na iya rushewa.

Abin da ke sa irin wannan labari daɗi shi ne rigimar da yake haifarwa. A ce duniya biyu sun haɗe yau da dare. Gonar geronka ta bayan gari, a can duniyar kakanka bai sayar da rabinta ba, a nan ya sayar. Gari ya waye, iyakar wa za a bi? Kai biyu ne, gida ɗaya, uwargida ɗaya ko biyu, Allah masani. Mu mutanen bakin iyaka mun ɗan san ɗanɗanon abin, tunda a kasuwa ɗaya ake cinikin sefa da naira, kuma kowa ya san yadda lissafi ke kwaɓewa in canji ya motsa. Marubutan nan sukan kauce wa rigimar da dabara: ko su ce kowa ya manta tsohuwar rayuwarsa, ko su bar mutum ɗaya tal da ke tunawa, ana yi masa kallon mahaukaci.

Kunnen Bahaushe kuwa bai baƙunci zancen duniya kusa da duniya ba. Masu bori suna da Jangare, birnin iskoki da ido ba ya gani, mai sarki da fadawa da gidaje kamar garin mutane. Iyayenmu mata sun hana mu zama gindin tsamiya da tsakar rana, da yawo da almuru, da zuba ruwan zafi a ƙasa ba bisimilla. A littafin Ganɗoki na Bello Kagara, wanda ya fito a 1934, jarumin ya bar fagen yaƙi da Turawa ya tsinci kansa cikin aljanu. Amma ku lura, a duk waɗannan maƙwabtaka ce ake yi, akwai katanga, akwai ƙofa, mutum ya leƙa ya dawo. Ba mu taɓa jin tsohuwar da ta ce Jangare za ta zube cikin Damagaram ba. (Hukuncin addini kan aljanu kuwa na malamai ne, mun bar musu.)

Saura kimiyya. Gaskiya ne a 1957 wani ɗalibin jami'ar Princeton, Hugh Everett, ya kawo wani ra'ayi don fassara halin ƙananan ƙwayoyin da ido ba ya gani. Ya ce duk lokacin da abu zai iya faɗawa nan ko can, to duka biyun sun faru, kowane a nasa reshe. Masana na gardama a kai har gobe, kuma babu gwajin da ya tabbatar. Abin lura shi ne, a ra'ayin nasa rassan rabuwa suke yi, kamar reshen kuka, kowane ya kama gabansa, ba mai jin ɗuriyar wani. Haɗewar, ƙarin gishirin ƴan fim ne.

Saƙon da ke cewa hukumar NASA ta gano wata duniya inda lokaci ke tafiya da baya, shi ma mun bi sawunsa. A watan Mayun 2020 wasu jaridu suka yayata shi. Tushensa wani bincike ne mai suna ANITA, na'urorin kama sigina da aka ɗaura wa balan-balan aka tashe su sama da ƙanƙarar Antatika. A 2006 da 2014 sun kama wasu sigina da suka zo kamar daga ƙarƙashin ƙanƙara, abin da ba a zata ba. Masu binciken da kansu sun fito sun ce ba su gano wata duniya ba, sigina ne dai da ake neman bayaninsa. Shekaru sun wuce, amma saƙon na nan yana zagawa daga waya zuwa waya, an ma sa masa muryar Hausa.