MALAMIN DA YA HANA ALMAJIRANSA GUDU

A cikin masu koyon aikin malanta akwai waɗanda ke tsammani aikin malami ya ƙare ran da yaro ya ci jarrabawa ya karɓi takardar shaida. To, ga labarin wani malami na ƙasar Amurka wanda bai yarda da haka ba. Sunansa Frederick Terman, injiniyan lantarki ne, ya kuwa kai ga zama mataimakin shugaban Jami'ar Stanford ta jihar Kalifoniya.

An haife shi a jihar Indiyana cikin shekara ta 1900. Ubansa, Lewis Terman, masanin halayyar ɗan Adam ne, shi ne ya gyara awon basirar yara wanda ake kira Stanford-Binet. Abin mamaki, bai sa ɗansa makaranta ba sai da ya kai shekara tara. A 1910 uban ya sami aiki a Stanford, suka ƙaura can. Tun yana yaro Frederick ba shi da abin wasa sai kayan rediyo, ya haɗa ya kwance.

Ya yi karatunsa a Stanford, ya fara da ilmin haɗa sinadarai ya gama a 1920, sa'an nan ya koma kan lantarki ya gama a 1922. Daga nan ya tafi babbar makarantar fasaha ta MIT, inda ya sami digirin dakta a 1924 a hannun Vannevar Bush. A cikin wannan shekara tarin fuka ya kama shi, ya yi watanni a kwance. Da ya sami sauƙi bai koma gabas ba, sai ya kama koyarwa a Stanford a 1925. A 1932 ya fitar da littafinsa na aikin rediyo, wanda jami'o'i da yawa suka riƙa koyarwa da shi, a 1937 kuma aka ba shi shugabancin sashen lantarki.

To, a nan ne ya lura da wani abu da ya dame shi ƙwarai. A zamanin nan kewayen Stanford duk gonakin 'ya'yan itatuwa ne, manyan masana'antun lantarki kuwa suna can gabashin ƙasar, tafiyar mil dubbai. Saboda haka duk yaron da ya horar ya gwanance, da ya gama sai ya ɗaure kayansa ya tafi neman aiki. Watau shi ke noma, wasu ke girbi. Terman ya ga cewa muddin babu aiki a gida, ba wa'azin da zai tsai da su. Dabarar da ya yi ita ce ya riƙa kai almajiransa su ga 'yan ƙananan masana'antun da ke kusa, yana kuma zuga su su kafa nasu.

Biyu daga cikinsu sun isa misali, William Hewlett da David Packard, waɗanda suka gama a 1934. Packard ya tafi aiki a kamfanin General Electric a jihar New York. Malamin bai manta da shi ba, sai da ya samo masa gurbin ƙaro karatu ya komo da shi a 1938. Shi kuwa Hewlett ya ƙera wata na'ura mai fitar da amo domin gwada kayan sauti. Terman ya ba su shawara su yi ta don sayarwa. A 1939 suka kafa kamfaninsu cikin wani gareji a garin Palo Alto, jarinsu duka dala 538. Kamfanin sinima na Walt Disney ya sayi guda takwas, ciniki ya buɗe. Wannan shi ne asalin kamfanin Hewlett-Packard.

Da Amurka ta shiga Yaƙin Duniya na Biyu aka kira Terman zuwa Jami'ar Harvard a 1942, aka ba shi shugabancin ma'aikata fiye da 800. Aikinsu shi ne neman hanyar rikita na'urorin abokan gaba masu hango jiragen sama daga nesa. Ɗaya daga cikin dabarun ita ce watsa siraran fallayen gorar ruwa daga jirgi, na'urar ta kasa rarrabe jirgi da tarkace. A can ya ga yadda gwamnati ke zuba kuɗin bincike a jami'o'in gabas, tasa kuwa ba ta samun abin kirki. Ya ƙudura a ransa zai gyara wannan.

Bayan yaƙi ya komo ya zama shugaban tsangayar injiniyoyi. Stanford tana da fili wajen eka dubu takwas, amma wanda ya kafa ta ya yi sharaɗi kada a sayar. Ga ƙasa, ba kuɗi. Sai aka ce, in an hana sayarwa ai ba a hana ba da haya ba. A 1951 aka keɓe wani yanki domin masana'antu, Terman ya dage a kan a jawo masu aikin fasaha. Kamfanin Varian ne ya fara shiga, Hewlett-Packard ya biyo baya. A 1954 kuma ya shirya yadda injiniyoyin kamfanonin za su riƙa zuwa jami'a suna ƙaro ilmi ba tare da sun bar aikinsu ba.

Daga 1955 zuwa 1965 shi ne mataimakin shugaba mai kula da sha'anin karatu, a ƙarƙashin Wallace Sterling. Ra'ayinsa shi ne, jami'ar da kuɗinta kaɗan ne kada ta ce sai ta yi kome da kome. Gara ta zaɓi fannoni 'yan kaɗan, ta nemo gwanayen malamai, ta gina su su yi tsawo kamar hasumiya, wadda ake hangowa tun ba a iso gari ba. Da wannan hanya Stanford ta shiga sahun gaba. Amma fa ba kowa ya yaba ba. Kuɗi mai yawa na binciken daga hannun soja ya fito, har almajirai suka tayar da ƙura a kan haka a ƙarshen shekarun 1960. Wasu malamai kuma suka ce ya fi kula da fannin da ke kawo kuɗi.

Terman ya rasu a 1982. Gonakin nan yanzu su ne ake kira Silicon Valley, cibiyar masana'antun kwamfuta, mutane da yawa kuma suna kiransa uban wurin.

'Yan'uwa, ba kowannenmu zai riƙi jami'a ba, galibinmu aji guda za a ba mu. Amma abin da ya ɗaga Terman tun yana da aji guda ya fara shi: ya san almajiransa ɗaya ɗaya, ya san inda kowa ya nufa bayan makaranta, ya kuma tambayi kansa ko abin da yake koyarwa zai ci da su a garinsu. Duk malamin da ya riƙe wannan tambaya, ko a ƙauye aka kai shi, zai bar abin da za a tuna da shi.