Duniyar da Ake Rushewa Don a Sake Sayar da Ita

A watan Yulin 2024, a taron Comic-Con na San Diego, kamfanin Marvel ya shelanta cewa Robert Downey Jr. zai dawo a matsayin mugun nan Doctor Doom. Shekara biyar kacal ke nan da 'yan kallo suka sha kuka a kan mutuwar Tony Stark, jarumin da ya fito a matsayinsa, a fim ɗin Avengers: Endgame. Masoya suka ɓarke da tafi. Abin da ya kamata su lura da shi kuwa shi ne, wargajewar zamani da halitta a labaran almara ta daina zama bala'i, ta koma dabarar kasuwa.

A 2021, cikin shirin Loki, zamani ya tsage ya yi rassa barkatai. A ƙarshen shekarar sama ta dare a Spider-Man: No Way Home, baƙi daga wasu duniyoyi suka kwararo. A 2022 Doctor Strange ya ratsa duniyar da gine-ginenta ke narkewa, a 2023 kuma duniyoyi suka yi ta karo da juna a The Flash.

Tushen abin yana cikin littafin lissafin kamfanoni. A 1985 kamfanin DC ya waiwaya ya ga labaran shekara hamsin sun cuɗe, wannan na ƙaryata wancan, sabon mai karatu bai san ta inda zai fara ba. Sai Marv Wolfman da George Pérez suka fitar da Crisis on Infinite Earths kashi 12, suka hallaka duniyoyi bila adadin, suka bar guda ɗaya tal. Supergirl ta mutu, Barry Allen, wato The Flash, ya mutu, daga baya kuma duk aka dawo da su. DC ya maimaita a 2011 da Flashpoint, Marvel ya bi sahu a 2015 da Secret Wars.

A finafinai, batun haƙƙin mallaka ya ƙara rura wutar. Spider-Man yana hannun Sony, X-Men suna hannun Fox har zuwa 2019 da Disney ya saye shi a kan dala biliyan 71. To, ta yaya za a haɗa jaruman da suka girma a gidaje daban-daban cikin fim ɗaya? Sai a fasa bangon zamani. No Way Home ya tara masu fitowa a matsayin Spider-Man har uku, ya kwashi kusan dala biliyan 1.9. Kowane manaja a Hollywood ya ga wannan adadin.

Masu wasannin bidiyo ma ba su ɓoye ba. Da Final Fantasy XIV ya fito a 2010 aka yi tir da shi, kamfanin Square Enix ya jefo wani wata mai suna Dalamud a kan duniyar wasan, ya rufe ta a Nuwamban 2012, ya buɗe sabuwa a Agustan 2013. A Oktoban 2019 wani baƙin rami ya haɗiye tsibirin Fortnite, don kawai a ƙaddamar da sabon babi.

Akwai masu cewa labaran nan madubi ne na fargabar zamani: sauyin yanayi, annobar korona, barazanar nukiliya. Da ɗan ƙamshin gaskiya. Fim ɗin Everything Everywhere All at Once, wanda ya ci kyautar Oscar bakwai a 2023, ya yi amfani da rugujewar komai wajen ba da labarin uwa da 'yarta, kuma ya taɓa zuciya. Amma wannan labari ne da ya zo ƙarshe ya tsaya. Fargabar jama'a ba ta bayyana dalilin da ya sa duniya kan rushe daidai lokacin da kwangilar jarumi ta ƙare ko ciniki ya ja baya.

Illar farko ta wannan dabara ta faɗa wa mutuwa. Idan kowane mamaci yana da kwafi a wata duniyar, kukan mai kallo asara ne. Ta biyu, labari ya zama jarrabawa: sai ka kalli shirye-shirye da dama kafin ka gane fim ɗaya. Jama'a sun fara ƙosawa. The Flash ya faɗi warwas, The Marvels kuma ya tsaya a wajen dala miliyan 200, mafi ƙarancin abin da wani fim a jerin Marvel ya samu.

Sai dai kada a yi zaton kamfanonin sun daddara. Deadpool & Wolverine, wanda ya tono Wolverine bayan mutuwarsa a Logan, ya haura dala biliyan 1.3 a 2024, ga kuma Avengers: Secret Wars na tafe. Muddin tono matattu na kawo riba, za a ci gaba da rushe sammai da ƙassai na almara, marubucin da ke son a ji zafin rashi a labarinsa kuwa dole ya nemi kamfanin da zai yarda a bar mamaci a kabarinsa.