AVALON: ƘASAR DA HAZO YA ƁOYE

Duk wanda ya taɓa yin sammako a lokacin hunturu ya san yadda hazo kan haɗiye gari, mutum ya kasa hango ko da bishiyar ƙofar gidansa. To amma namu hazon na ƙura ne. Na ƙasar Ingila na raɓa ne, yakan taso daga fadama ya kwanta bisa ƙasa kamar auduga. A cikin irin wannan hazo ne Turawa suka ajiye wata ƙasa tasu ta tatsuniya mai suna Avalon, wadda har yau ba wanda ya taka ta, amma kowa ya san sunanta.

Wani malami mai suna Geoffrey na Monmouth shi ne ya fara sanya ta a littafi wajen shekarar 1138. Ya ce da aka yi wa Sarki Arthur mummunan rauni a yaƙinsa na ƙarshe, can aka kai shi jinya. A wani littafin nasa na wajen 1150 ya ƙara da cewa tsibiri ne na tuffa, ƙasa na ba da amfani ba tare da an yi noma ba, kuma 'yan'uwa mata tara ke mulki, babbarsu Morgen gwanar magani. Tsofaffin littattafan sun fi maganar tuffa da magani. Hazon kuwa marubutan baya ne suka yayata shi, musamman wani littafin ƙagaggen labari na 1983 mai suna The Mists of Avalon.

To ina ne wannan wuri? Geoffrey bai faɗa ba. Sai dai a gundumar Somerset, kudu maso yammacin Ingila, akwai wata shimfiɗaɗɗiyar fadama, a cikinta kuma ga wani tudu mai tsawon mita 158 kusa da garin Glastonbury. Kafin a haƙa magudanan ruwa, da sanyi ya shigo sai ruwa ya malale wurin, tuddai su zama tsibirai. Har yanzu idan hazo ya sauka da asuba, kan tudun kaɗai ake gani yana shawagi, sai ka rantse ba a ƙasa yake ba.

Kuma mutane sun daɗe da sanin zaman wurin. A 1970 masu haƙar ƙasar fadama suka ci karo da wata hanyar katako da aka shimfiɗa bisa taɓo, tsawonta ya kusa kilomita 2, masana kuma suka ce an sare itacenta a shekara ta 3807 kafin haihuwar Annabi Isa. Haka nan a 878, da mayaƙan Denmark suka fatattaki Sarki Alfred, cikin wannan fadama ya ɓuya, a wani ɗan tsibiri mai suna Athelney, har ya tara rundunar da ya koma ya ci su da ita. Wanda bai san hanya ba, taɓo ne zai gama da shi tun kafin ya ga abokin gaba.

Inda zancen ya fi daɗi shi ne a nan. A Glastonbury akwai wani babban gidan ibada na masu zuhudun Kirista, wanda gobara ta cinye a 1184. Sarki Henry na Biyu ya ɗauki nauyin sake ginin, to sai ya rasu a 1189, kuɗi suka tsaya. Ba a yi shekara biyu cikakku da wani abu ba, a 1191, sai masu zuhudun suka yi shelar cewa sun haƙa rami mai zurfin ƙafa 16 a maƙabartarsu, sun tarar da ƙasusuwan wani ƙaton mutum da na wata mace cikin kututturen itace, tare da gicciyen dalma mai ɗauke da sunan Arthur da na Avalon. Mai karatu, kai ma ka auna: gini ya tsaya, aljihu ya bushe, sai ga kabarin sarkin da kowa ke marmarin ziyarta ya ɓullo a bayan gida. Yawancin masana tarihi na yau sun ɗauki abin a matsayin shiri, ni ma dai ra'ayina ke nan.

Ba masu zuhudun kaɗai suka ci riba ba. Mutanen Wales, waɗanda sarakunan Ingila ke ta fama su mallake, sun yi imani cewa Arthur bai mutu ba, yana can Avalon yana jinya, wata rana zai dawo ya 'yantar da su. Muddin ƙasar tana cikin hazo, wannan fata na nan da ransa. Da aka nuna ƙasusuwa kuwa, ai magana ta ƙare. A 1278, shekara guda bayan ya kai yaƙi Wales, Sarki Edward na Ɗaya ya zo da kansa tare da matarsa, aka mayar da ƙasusuwan cikin wani kabarin baƙin marmara a gaban jama'a.

Kabarin ya tsaya har 1539, lokacin da Sarki Henry na Takwas ya rufe gidan ibadar, aka rataye shugabansa Richard Whiting a bisa wancan tudu. Ƙasusuwan suka ɓata, daga baya gicciyen ma ya bi su. Yanzu kango ne, sai wani ɗan allo da ke nuna wa baƙi gurbin kabarin, garin kuma na cin abinci da sunan Avalon a jikin kantuna da masaukai.

Fadamar dai an tsotse ta da magudanai da injunan ban ruwa, ta zama makiyayar shanu. Amma ruwa bai manta hanyarsa ba. A sanyin ƙarshen 2013 zuwa farkon 2014 ya dawo ya mamaye gonaki, har mutanen ƙauyen Muchelney suka yi makonni ba su da hanyar fita sai ta kwalekwale.